Faifan da na tarar a akwatin Kawu: wane ne Andy Gill, kuma me ya sa jitarsa take yankewa haka?

Ɗan Kakuri:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Tambaya ce da ni ga masu kaɗa jita da dattawan da suka san kiɗan Turawa na da, amma bari in fara faɗin yadda aka yi na zo da ita.

Wata uku ke nan da rasuwar kawuna, yayan mahaifiyata, Allah ya jiƙansa. Bayan arba'in aka ce in je in taimaka a kwashe kayan ɗakinsa a Kakuri, tunda ni na fi zama da shi a ƙarshen rayuwarsa. Kawu ma'aikacin masaƙa ne, ɓangaren rini, kuma masaƙar ce ta tura shi karatu Jami'ar Leeds a Ingila daga 1978 zuwa 1981. Mutum ne mai shiru-shiru. In ba labaran rediyo ba, ban taɓa ganin ya zauna sauraron wani abu ba, daga gida sai masallaci sai gona. A ƙarƙashin gadonsa muka jawo wani akwatin ƙarfe. A ciki akwai takardun makaranta, da rigar sanyi mai kauri wadda asu ya cinye wuyanta, da hotuna, sai faifan garmaho guda ɗaya tak, an naɗe shi cikin ƙyallen atamfa irin wadda suke bugawa a masaƙar, an ɗaure da zare. Bangon faifan ja ne. An jera hotuna uku na wani kaboyi da wani Ba'indiyen Amurka suna musabaha, da ƙananan rubutu suna zagaye hotunan. Sunan ƙungiyar Gang of Four, sunan faifan Entertainment!, shekarar 1979.

Ni a wani ɗan situdiyo nake aiki a Tudun Wada, fiyano nake bugawa, ina haɗa kiɗan waƙoƙin biki da na siyasa. Shekara biyu ke nan kuma ina koyon jita da wata tsohuwa da na saya hannu. Garmaho babu a gidanmu, don haka da dare na nemi faifan a YouTube, na sa abin kunne na kwanta.

Wallahi ban yi barci da wuri ba ranar. Bes, wato jitar nan mai kaurin murya, da ganga suna tafiya daram, har ka ji ƙafarka tana motsi. Jitar kuwa sai ka ce maƙeri yana yankan langalanga. Ta sara, ta yi shiru, ta sake sara a inda ba ka zata ba. Inda kunnena yake jiran mai jita ya fito ya nuna gwanintarsa, a nan ne ma yake ɓacewa gaba ɗaya ya bar ganga ita kaɗai. Waƙar ƙarshe ta fara da kukan nan da lasifika ke yi a wurin taro idan makirufo ya matsa kusa da ita, abin da mu muke rugawa mu kashe, shi kuwa ya riƙe shi yana juya shi ya fi minti ɗaya. Da farko na ji haushi. Amma yau sati uku ke nan kullum sai na saurara.

A bayan bangon na ga sunan mai jitar, Andy Gill. To tambayoyina: wane ne wannan mutum, kuma ina ya ƙare? Rashin iyawa ne ya sa yake kaɗawa haka, ko da gangan ne? Akwai abin da mai koyo irina zai ɗauka a wurinsa? Sannan wadda ta fi damuna, ko da yake na san ba lallai a samu mai amsa ta a nan ba: me zai sa mutum irin Kawu ya ajiye wannan faifan shekara arba'in da wani abu, ya naɗe shi kamar abin gado?

Mai Jitar Narayi:

Ƙanena, sannu da rashi, Allah ya ba ku haƙuri. Shekara ashirin da shida ke nan ina kaɗa jita a coci da wuraren biki, kuma rabon da in ga wani a garin nan ya ambaci sunan Andy Gill har na manta. Ka faranta mini rai.

Da gangan ne. Ka cire shakka a kan wannan. Wanda bai iya ba, kuskurensa ba ya faɗowa wuri ɗaya sau biyu. Ka sake sauraro ka ƙirga bugun ganga, za ka ga saran nan yana sauka daidai inda ya sauka a zagayen baya, shirun ma tsawonsa ɗaya ne. Hannun da ke iya tsayar da tsirkiya shida cak a lokaci guda, ba tare da wata ta yi ƙara ba, ya sha horo.

An haife shi a Manchester ranar 1 ga Janairu 1956. Ya yi sakandare a Sevenoaks da ke Kent, a can ya haɗu da Jon King, wanda daga baya ya zama mawaƙin ƙungiyar. Su biyun suka tafi Jami'ar Leeds karatun zane-zane, wato jami'ar da kawunka ya je, sai dai su sun riga shi shiga. A 1976 suka je New York suka ga yadda matasa ke kiɗa a wani ɗan kulob da ake kira CBGB, suka dawo da niyyar kafa tasu ƙungiyar. Hugo Burnham ya riƙe ganga, Dave Allen ya riƙe bes. Ƙaramin faifansu na farko, Damaged Goods, ya fito a 1978 ta hannun wani ƙaramin kamfani na Edinburgh mai suna Fast Product, sannan babban kamfanin faifai na EMI ya ɗauke su, aka yi wanda ke hannunka.

Lokacin ana tashen pank a Ingila, kiɗan matasa masu fushi: sauri, ƙara, kowa yana dukan kayansa a lokaci guda. Abin da ya biyo baya shi Turawa ke kira post-punk. Waɗannan sun riƙe fushin amma suka ce a tsaya a yi tunani a kan yadda ake gina waƙar kanta. A kiɗan rok na gargajiya akwai sarki da fadawa: mawaƙi da mai jita a gaba, bes da ganga a baya suna yi musu hidima. Gill ya ƙi wannan tsarin. A wurinsa kayan kiɗa huɗun kowanne da muryarsa, kuma don a ji kowa dole wani ya yi shiru. Shi ya sa inda ake jiran ya yi solo, wato ya fito shi kaɗai ya nuna gwaninta, yake ɗauke hannu.

Ya ɗauki abu a wurare uku da na sani. Akwai Wilko Johnson na ƙungiyar Dr. Feelgood, wanda ke sarar tsirkiya da yatsunsa ba tare da 'yar robar kaɗawa ba, gajere-gajere kamar mai faskare. Akwai Jimi Hendrix, daga nan wasa da kukan lasifika ya fito. Sai kuma kiɗan baƙar fata, fonk na Amurka da rege na Jamaika, inda jita take zama kamar ganga.

A nan ne nake ganin bai kamata abin ya zame mana baƙo ba. Ka tuna marigayi Ɗan Maraya Jos da kuntiginsa: tsirkiya ɗaya a kan gwangwanin kifi da aka rufe da fata. Ba ya cika wuri da sauti. Ya kaɗa, ya ba magana hanya, ya amsa mata. Ko ka tsaya kusa da masu kalangu a gidan biki, ka lura da yadda babba ke barin gurbi ƙaramin ya shiga. In duk suka buga a lokaci guda babu mai rawa. Gill ya isa wurin ta wata hanya daban, da jitar lantarki da kaifin da kunnenmu bai saba da shi ba, amma hankalin ɗaya ne.

Ga aikin da nake ba yaran da nake koya wa, ka gwada. Ka sa ganga a kwamfutarka, bugu mai sauƙi. Ka kama kod ɗaya kawai, wato haɗin sautin da ake dannawa tare, a tsirkiyoyi uku na ƙasa, sirara. A cikin kowane bugu takwas an yarda ka sara sau biyu, ba ƙari. Da ka sara ka sassauta yatsun hagu nan take, kada ka ɗaga su daga tsirkiya, sautin ya mutu. Ka yi minti goma. Za ka ji hannunka na dama yana ƙaiƙayi yana son cike gurbin. Hana shi shi ne darasin. Yawancin masu jitar da ke zuwa cocinmu matsalarsu ke nan, ba sa iya yin shiru, sai su danne mawaƙa.

Baba Mai Rediyo:

Salamu alaikum. Jikana ne ya karanta mini wannan, shi ne kuma yake rubuta abin da nake faɗa. Ni ba makaɗi ba ne. Gyaran rediyo da garmaho da amfilifaya na yi a Kaduna tun zamanin Gowon, har idona ya gaza. Yaro, Allah ya jiƙan kawunka, ya sa ya huta.

Jikan nawa ya kunna mini kiɗan a waya. Ina jin sa na ce masa wannan tiransisto ne, ba bawul ba. Ya duba ya ce haka ne, mutumin da amfilifayar tiransisto ta kamfanin Carlsbro yake aiki a lokacin, kuma zaɓa ya yi. Bari in gaya maka bambancin, don rabin kaifin da kake ji daga nan yake.

Bawul su ne kwalaben gilashin nan da ke cikin tsofaffin rediyo, waɗanda ke yin ja idan sun ɗau zafi. Sai ka kunna ka jira kafin rediyon ta yi magana. Idan ka matsa wa bawul ya wuce ƙarfinsa, sautin lanƙwasawa yake a hankali, ya yi kauri, ya yi taushi a kunne. Shi ya sa manyan masu jita suke son sa har gobe. Tiransisto ba ya da wannan kawaicin. Yana tafiya garau har ya kai iyakarsa, daga nan ya datse kan sautin kamar an sa almakashi. Masu kiɗa da yawa suna raina shi, suna cewa sautinsa busasshe ne. To wannan bawan Allah busasshen yake nema.

Kukan lasifika kuma ba tsafi ba ne. Lasifika tana tura iska, iskar ta girgiza tsirkiya, maganaɗisun da ke ƙarƙashin tsirkiyar ya ɗauka ya mayar wa amfilifaya, ita kuma ta ƙara masa ƙarfi ta sake turowa. Zagaye ne. In ka matsa kusa ya ƙaru, in ka juya jikinka muryarsa ta canza. Kada ka gwada da ƙaramar lasifikar situdiyonku da ƙarfi, za ka ƙona ƙaramin bakin da ke fitar da siririn sauti. Na gyara irinsu ba adadi.

Abu ɗaya zan ƙara a kan maganar ɗana na Narayi. Dabarar cire kayan kiɗa a tsakiyar waƙa a bar bes da ganga, mutanen Jamaika suna kiranta dub, kuma babban gwaninta King Tubby asalinsa mai gyaran rediyo ne a Kingston, sana'armu ɗaya. Shi da maɓalli yake cirewa a kan teburin haɗa sauti. Baturen nan kuma ya mayar da abin hannu, yana cire kansa da kansa.

Ina da garmaho guda da ke aiki, allurarta ma ba ta daɗe ba. Kada ka goge faifan da tsumma busasshe, kada ka bar shi a rana ko a kwance ƙarƙashin kaya. Ka kawo shi mu ji yadda kawunka ya ji shi.

Malama daga Unguwar Rimi:

Wa alaikumus salam. Ɗana, Allah ya gafarta wa Kawu. An yi maka bayanin hannu da na'ura, ni kuma tarihi nake koyarwa, don haka zan taɓa tambayarka ta ƙarshe, wadda ka ce ta fi damunka. Zuciyar mamaci Allah kaɗai ya san ta, amma garin da ya zauna da shekarun da ya yi a can sanannu ne.

Leeds ba wuri mai sauƙi ba ne ga baƙar fata a wancan zamani. A 1969 aka tsamo gawar wani ɗan Najeriya, David Oluwale, daga kogin Aire, bayan ya daɗe yana shan azaba a hannun 'yan sanda, kuma a 1971 kotu ta ɗaure biyu daga cikinsu bisa laifin dukansa. Duk ɗan Najeriyar da ya sauka garin bayan shekara bakwai ko takwas zai ji wannan labarin. A ƙarshen shekarun 1970 kuma jam'iyyar National Front, masu cewa a kori baƙi daga Ingila, tana da ƙarfi a titunan Leeds, ana yawan artabu tsakaninsu da ɗalibai. A 1976 aka kafa wani yunƙuri mai suna Rock Against Racism, inda ake haɗa ƙungiyoyin Turawa da na rege a dandali ɗaya don a nuna wa masu wariya iyakarsu. Gang of Four suna cikin waɗanda suka yi wasa ƙarƙashin wannan tuta. Ka ɗora wannan a kan hoton da ke bangon faifan. Rubutun da ke zagaye da shi yana bayyana cewa Ba'indiyen ya ɗauka ya yi aboki, kaboyin kuwa murna yake don ya samu wanda zai cuta. King da Gill ne suka tsara bangon da kansu. Mutumin da aka haifa ƙarƙashin mulkin Turawa, ya girma yana jin yadda aka yi da sarakunanmu, ba ya bukatar a fassara masa wannan hoton.

Sunan ƙungiyar ma siyasa ne. Gungun mutum huɗu ne na ƙasar Sin, ciki har da Jiang Qing matar Mao, waɗanda aka kama a Oktoban 1976 bayan mutuwarsa. Malaman sashen zane na Leeds a lokacin, irin su T. J. Clark, masu ra'ayin gurguzu ne, kuma yaran sun sha wannan ruwan. Waƙoƙinsu ba na soyayya ba ne yadda aka saba. Suna tambaya ne: abin da kake so, kai ka so shi ko talla ce ta sa maka? Hutunka naka ne ko shi ma kaya ne da ake sayar maka? Ma'aikacin masaƙa ya san wannan tambayar a jikinsa. Kuma kada mu manta a shekarar da faifan ya fito, wadda Margaret Thatcher ta hau mulki a can, a nan jiharmu Balarabe Musa na PRP ne ya zama gwamna, har majalisa ta tsige shi a 1981. Zariya kuwa tana tafasa da muhawarar su Dokta Bala Usman. Matasan Kaduna masu ilimi na wancan lokaci da irin wannan harshe suke magana, na ga ƙarshen abin da idona ina ɗaliba. Mutanen da muka sani da carbi da shiru, da yawansu sun yi zafin kai a kan adalci suna 'yan shekara ashirin da biyar.

Abin da ya sa nake girmama Gill da abokansa shi ne sun biya kuɗin ra'ayinsu. A 1979 waƙarsu At Home He's a Tourist ta fara hawa jadawalin waƙoƙin da suka fi kasuwa, aka gayyace su shirin talabijin na BBC mai suna Top of the Pops, wanda a lokacin shi ke ɗaga mawaƙi ko ya bar shi a ƙasa. Aka ce sai sun canza kalma ɗaya da ke nufin kwaroron roba. Ba a daidaita ba, suka tattara kayansu suka fita. Waƙar ta tsaya a lamba 58. A 1982 kuma wata waƙar tasu da ke zolayar sha'awar kakin soja ta fara karɓuwa, sai yaƙin Falklands ya ɓarke, BBC ta daina sa ta. Sau biyu ƙofa tana buɗewa tana rufewa.

Ka tambayi matar Kawu in tana raye. Mata suna riƙe irin waɗannan labaran fiye da yadda 'ya'ya suke zato.

Ɗan Rigasa:

Ku yi haƙuri, ni ban yarda da ku ba. Na je na saurara saboda yabon da ake ta yi, minti biyar na kashe. Kiɗa ai don ya shiga rai ake yin sa. Wannan kuwa kamar ana yi maka faɗa. In yaro yana son ya koyi jitar lantarki, ga ta nan kusa da mu a Nijar. Ya saurari Bombino ko Mdou Moctar, jita tana gudu kamar ruwa, akwai zafi akwai daɗi, kuma su ma suna maganar zaluncin da ake yi wa mutanensu. Me zai kai shi Leeds?

Kuma Malama, da girmamawa, maganar biyan kuɗin ra'ayi tana da gefe biyu. Masu zagin jari-hujja ne, amma EMI suka sa wa hannu, ɗaya daga cikin manyan kamfanonin faifai na duniya a lokacin. Sannan mutum huɗu ne suka kafa abin, amma daga ƙarshe shi kaɗai ya rage yana yawo da sunan tare da sababbin yara. A ganina in abokan tafiya sun watse, sai a ajiye sunan a nemi wani.

Mai Jitar Narayi:

Ɗan'uwa na Rigasa, mutanen Agadas gwanaye ne, ni ma ina sauraronsu, kuma ba a hana yaro ya sha daga rijiya biyu ba. Su suna koya maka yadda ake gudu, wannan yana koya maka yadda ake tsayawa. Maganar suna kuwa ina tare da kai rabi. Faifan 2015 da na 2019 shi kaɗai ne ɗan asali a ciki, kuma ni kaina ba na jin su kamar na farko, don rashin muryar Jon King a gefensa ya bar rami. Amma mutumin da ya ƙirƙiro sautin tun yana ɗan shekara ashirin da ɗaya, da wuya in ce masa ba shi da haƙƙi a kai.

Bari in ƙarasa wa ƙanena labarin tunda ya tambayi ina ya ƙare. Bayan Solid Gold a 1981, Dave Allen ya fita, Sara Lee ta karɓi bes. Suka yi Songs of the Free a 1982 da Hard a 1983, sannan suka watse. Gill ya koma bayan tebur yana haɗa wa wasu faifai, aikinka ke nan. Shi ya haɗa faifan farko na Red Hot Chili Peppers a 1984, kuma ba su ji daɗin juna ba ko kaɗan, don shi yana son a gyara sautin ya yi tsaf, su kuma suna son a bar shi da ɗanyensa. Ka ga mai kaifin jita ya zama shi ne mai cewa a sassauta. Duk da haka mai bes ɗinsu, Flea, bai daina faɗin irin tasirin da Gang of Four suka yi masa ba. Gill ya kuma yi aiki da Killing Joke da The Stranglers da Michael Hutchence. Kurt Cobain, mawaƙin ƙungiyar Nirvana, ya sa faifan da ke hannunka cikin jerin waɗanda ya fi so. Da aka shiga shekarun 2000 sai ga sababbin ƙungiyoyi irin Franz Ferdinand da Bloc Party suna cin kasuwa da salon da Gill ya shuka, su huɗun na asali suka sake haɗuwa suka zaga duniya a 2005.

Gill bai ajiye jita ba har ƙarshe. A Nuwamban 2019 ya yi wasa a ƙasar Sin, ya dawo ba ya jin daɗi, ciwon huhu ya kwantar da shi, ya mutu a asibiti a Landan ranar 1 ga Fabrairu 2020 yana da shekara 64. Matarsa, 'yar jarida Catherine Mayer, ta bayyana daga baya cewa tana zaton korona ce ta kama shi tun kafin a san ta shigo Ingila.

Ɗan Kakuri:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka wa kowa da alheri, har da yayana na Rigasa, don na sauke waƙoƙin mutanen Nijar ɗin ma.

Malama, na bi shawararki. Jiya bayan la'asar na je wurin Hajiya, matar Kawu, da faifan a hannu. Tana ganin ƙyallen atamfar ta gane shi, ta ce ita ta ba shi, ragowar ɗinkin sunan ɗansu na fari ne. Ta ce a hunturunsa na farko a can wasu samari sun tare shi a tashar bas, suka tofa masa yawu a rigar sanyin nan da na gani, mutane suna tsaye babu wanda ya ce uffan. Ya yi kwanaki ba ya fita sai aji. Wani abokin karatunsa ɗan Jamaika ne ya ja shi dole zuwa wani zauren kiɗa, ya ce zo ka ga wasu Turawan. Kawu ya gaya mata kiɗan ya yi masa ƙara, kunnensa ya kwana yana amo, amma a daren ne ya fara ganin ɗaruruwan yaran Turawa sun taru suna ihu a kan masu irin halin waɗanda suka tofa masa yawu. Da faifan ya fito sai ya saya. Ta ce sau biyu ko uku ya taɓa kunna shi a Kakuri, garmahonsu ta lalace, bai sake gyara ta ba. Lokacin da masaƙar ta tsaya aka sayar da kaya da yawa a gidan, har da sauran fayafayansa, wannan ne kaɗai ya hana a taɓa. Ta ce in riƙe shi.

Yaya na Narayi, na yi aikin da ka ba ni. Minti huɗu na iya kafin hannuna ya ƙwace. Yau da safe kuma ina haɗa wata waƙar amarya, a baiti na uku inda mawaƙiyar ke kiran sunan uwar amarya, sai na cire fiyano da duk wani ado na bugu takwas, na bar ganga da muryarta. Da ta zo saurare ta ce in mayar da wurin. Na mayar, ta ji, ta yi shiru, sannan ta ce a'a, in sake cirewa.

Baba, jikanka ya turo mini kwatancen gidan. In Allah ya kai mu Asabar bayan azahar zan zo da faifan, kuma Hajiya ta ce in biya in ɗauke ta, tana son ta ji.